Turancin Shamsu da San Huɗar Kawu Mamuda

Shamsu ɗan Tafoki ne. Ya ajiye boko tun yana ƙaramar sakandare, amma cika baki bai ajiye ba. Ya lura manyan mutane a rediyo kan fara magana da "however" ko "therefore", sai ya ce a ransa, in guda ɗaya na sa mutum ya yi kwarjini, ina ga an haɗa su duka? Daga nan in ya zauna teburin mai shayi sai ya gyara wuyan riga ya saki: "But however, and so therefore..." Sai wuri ya kaure da tafi. Ba wanda ya taɓa jiran abin da zai biyo baya, shi ya sa ba a gano babu komai a bayan ba.

Da damina ta kankama, ɗaya daga cikin shanun huɗar kawunsa Mamuda ya daina cin ciyawa. Aka ɗauko likitan dabbobi daga Faskari, wani ɗan bautar ƙasa da ba ya jin Hausa.

Kawu Mamuda ya ce, "Ku kira mani Shamsu. Yau dai bokonsa zai yi mana rana."

Likita ya yi wa sa allura, ya juyo ya yi dogon bayani. Shamsu bai tsinci ko kalma ba. Ya so ya ce bai gane ba, amma ga 'yan teburin shayi sun kewaye su.

"But however, and so therefore," in ji shi, yana gyaɗa kai.

Likita ya tsaya yana jiran sauran. Da ya ga shiru, ya ɗauka an gane, ya hau babur.

"Me ya ce, ɗan nan?"

"Kawu, cewa ya yi lalaci ne kawai. A ɗaura mashi garma, zufa za ta fitar da ciwon."

Washegari aka ɗaura. Kafin azahar sa ya durƙusa a tsakiyar gonar masara, da kyar aka samu aka sa masa wuƙa.

Ranar kasuwa likita ya dawo duba sa, tare da Malam Abdulkarim na firamare. Da likita ya ji labari ya dafe kai. Malam ya fassara: tun ran farko cewa likita ya yi a bar san a inuwa ya huta, kada a kuskura a sa shi aiki.

Kawu Mamuda bai yi faɗa ba. Ya shiga gida ya fito da fartanya, ya miƙa wa Shamsu.

"Ungo, Bature. Rabin gona ya rage. Ka fara daga haweba, ka ƙare a deyafo."

Har aka yi girbi, bayan Shamsu bai miƙe ba.

Darasin da ke nan shi ne, jera manyan kalmomi ba ya zama ilimi. In an tambaye ka abin da ba ka sani ba, ka ce ba ka sani ba a nemo wanda ya sani, domin kunyar faɗin haka ba ta kai asarar da ƙaryarka za ta jawo wa wanda ya amince da kai ba.