Sunan da ke Zuwa Bayan na Mai Doki

Ranar Asabar, 14 ga Maris, 1964, gari ya waye da yayyafi a wani ƙauyen masunta na ƙasar Portugal, Custódio Valadas kuwa ya tashi da sassafe. Ya daɗe yana rubuta labarin fim a Lisbon, amma sunansa can ƙarshen fim ake sa shi, bayan na tela da na mai dokin haya, lokacin da kowa ke laluben hularsa. Mahaifiyarsa, Dona Graciete, ta yanke cewa yawo kawai yake yi.

"Yau za a nuna fim ɗinka, ko?" in ji ta. "In ban ga sunanka da idona ba, Litinin ka dawo shagon kifi."

"Za ki gani, Mama," ya ce, ba tare da ya ɗago kai ba.

Belmiro mai majigi a silimar ƙauyen, al'adarsa da zarar jarumi ya rungumi jaruma sai ya kashe na'ura kafin sunaye su fito, ya tafi cin abinci. Ran nan, saboda Custódio, ya bar ta tana juyawa har ta fara ƙauri, miyarsa na hucewa.

Sai dai jama'a sun riga sun miƙe, kawunansu sun tare allon. Anselmo mai gadi ya banko ƙofa ya kurma ihu: "Bijimi ya tsinke a waje! Kowa ya zauna!" Kowa ya zauna, har mai bijimin, wanda ya san tun bara ya sayar da shi.

Custódio ya waiwaya, sai ya ga tsohuwarsa tana minshari. Ƙanwarsa Filomena, wadda ba ta taɓa ɗaga wa uwarsu murya ba, ta kai mata mintsini a cinya, ta ɗora mata tabarau, daidai lokacin da sunan ya hau allo.

Dona Graciete ta karanta shi a hankali. "Na mai dokin ya fi girma," ta ce. Amma ba ta ƙara zancen shago ba.

A sabon labarin Custódio akwai jirgin kamun kifi guda, wanda za a rubuta wa suna da manyan haruffa a goshi, a gan shi tun farkon fim. Ya yi alkawarin sa masa sunan wanda ya cece shi. Ya yi ta juya abin har darakta ya gaji da jira. Ƙarshe Custódio ya jefa masa wasiƙa a gidan waya: labari ya kammala, a sayi fenti, suna na tafe.

To, jama'a, sunan wa ya kamata a rubuta a goshin jirgin?