Sarkin Ɓauna da Ya Hana Carki Sauka

An yi wani bijimin ɓauna da ke sarautar babban garke a bakin wata fadama. Sunan fadamar ya ɓace mini, ko da yake wanda ya ba ni labarin ya faɗa. Wannan Sarki yana da ƙarfi, yana da ƙaho, amma ba ya ƙaunar a san wani abu game da shi wanda shi bai sani ba.

Tsuntsaye biyu ke bin garken. Akwai Carki mai jan baki, wanda ke sauka a bayan ɓauna yana cire mata kaska, kuma duk abin da ya gani sai ya faɗa. Akwai Balbela mai farar riga, wadda ke bin ƙafafun Sarki tana cin ƙwarin da suka tayar, tana yaba tafiyarsa.

Carki da danginsa ba cin kaska kaɗai suke yi ba. Suna tashi daga wannan garke zuwa wancan, har ƙetaren kogi, in sun sauka a bayanka suna aiki suna ba ka labari a kunne. A bakinsu ake jin inda ciyawa ta tsiro, da tafkin da ya ƙafe, da inda aka ga sawun zaki. Wadda 'yarta ta bi wani garke, su take ba saƙon gaisuwa. Babba da yaro kowa na da baya, saboda haka kowa na samun labari.

Wata rana Sarki ya kutsa cikin sarƙaƙiya, ƙaya ta yage shi a tsakanin kafaɗu, daidai inda ido ba ya kaiwa, wutsiya ma ba ta kaiwa. Da Carki ya sauka ya duba, sai ya ce, "Ranka ya daɗe, akwai miki a bayanka. Bai fi ƙwayar wake ba, amma ƙuda ya fara zagaya shi. Tsaya in share maka."

Sarki ya juya wuya dama, ya juya hagu, bai ga komai ba. Sai ya tambayi Balbela. Ita ko kai ba ta ɗaga ba ta ce, "Miki a bayan Sarki? Kai Carki, wannan bakin naka ba a banza ya yi ja ba."

Carki ya ce, "Ke da kike yini a ƙarƙashin ciki, yaushe kika san abin da ke baya?"

Sarki ya girgiza jiki ya kore shi. Waɗanda suka ga korar suka tambayi Carki dalili, shi kuwa ya faɗa musu. Kafin la'asar tsofaffin garke sun zo suna yi wa Sarki sannu da jiki. Wannan sannun ita ta ƙona masa rai fiye da mikin.

Washegari Balbela ta yi shela. Ta ce an gano cewa su Carki ne ke nuna wa maharba inda garke yake, kuma suna kwaso ƙarya daga ƙetaren kogi. Don tsaron kowa, daga yau babu carkin da zai ƙara sauka a bayan ɓauna. Mai son labari ya zo wurinta da safe.

To, amma garke da yawa, daji da faɗi. Wa zai tsare kowane baya? Balbela ce ta kawo dabara. Ta ce ba sai an sa wa tsuntsu ido ba, a riƙa duba bayan kowa. Duk wanda aka samu ba kaska a jikinsa, to carki ya sauka masa.

Ku dubi wannan abin takaici, yarana. Kaska, wadda ke shan jininsu, ita ta zama shaidar biyayya. Sai ka ga manyan bijimai biyu suna gardama a gaban Sarki kan wanda kaskarsa ta fi ƙiba. Wanda Allah ya yi shi da fata mai tauri kuwa, sai ya je ya kwanta cikin ciyawa mai kaska don kada a zarge shi.

Labari kuma ya koma bakin Balbela ita kaɗai. Kullum da safe magana ɗaya ce: ciyawa ta wadata, babu zaki, na ƙetaren kogi suna mutuwa da yunwa, Sarki kuma lafiyarsa ƙalau. Akwai ranar da garke ya yini yana tafiya zuwa wani tafki, suka tarar ya ƙafe tun tuni. Kowane carki a dajin ya san haka. A hanyar dawowa aka bar maruƙa da dama a kwance, iyayensu mata suna waige.

Mikin Sarki kuwa ya ci gaba da faɗi. Da wari ya fara tashi, sai aka kafa doka cewa kada kowa ya yi kiwo ta inda iska ke bi bayan ta wuce Sarki. Ƙudaje suka yi ta taruwa, Balbela tana kama su tana ƙiba. Ba ta taɓa cin daɗi irin na wannan lokaci ba, to me zai sa ta faɗa?

A cikin garken akwai wata uwa, Marka nake jin sunanta, don a tsakiyar damina aka haife ta. Tana da ɗan maraƙi guda ɗaya. Kaska ta cika masa kunnuwa da wuya, har ya kai ba ya iya miƙewa ya sha nono. Marka ta je ta roƙi Balbela a ba ta izinin kiran carki sau ɗaya tak. Balbela ta ce kaska ta kowa ce, ta yi haƙuri kamar yadda kowa ke yi.

Da rana ta take, garke ya kwanta a inuwa, Marka ta riƙa tura ɗanta da hanci har cikin dogayen ciyayin bakin kogi. Can ta ga Carki a kan reshe.

"Ɗan'uwa, ba labari nake so ba. Ka duba mini kunnen yaron nan."

"In aka gane fa, Marka?"

"In ba ka duba shi ba ma, binne shi zan yi." 

Carki ya sauko ya kama aiki. Haka suka yi ta yi kullum da rana, in ya gama sai ta mirgina yaron cikin taɓo don ya rufe fatar. Taɓo ya rufe fata, amma bai rufe lafiya ba. Wata safiya maraƙin ya tashi yana tsalle yana zagaya uwarsa, alhali sa'o'insa duk suna kwance. Balbela ta matso ta leƙa kunnensa, ta gan shi fes.

Aka tara garke, aka tsai da Marka a gaban Sarki. Balbela ta faɗi laifinta, ta ce an samu ɗanta da tsabtar kunne.

Marka ta ce, "Haka ne, na kai shi. Da na bi dokarku, da yanzu yana inda 'ya'yan waɗannan suke. Ku dube su, ko ɗaga kai ba sa iyawa."

Balbela ta ce, "Kin ji ki, a gaban Sarki kike ɗaga murya."

"Ke yi mana shiru, mai farar riga. Ranka ya daɗe, tunda kora ta za a yi, bari in faɗa maka abin da kowa a nan ya sani. Bayanka ruɓewa yake yi. Ƙudan da wannan take ci, a jikinka yake kwana."

Sarki ya ce ai ga irin ƙaryar da carki ke zubawa a kunne, a kori Marka. Marka ta sa ɗanta a gaba, Carki yana bisa yana nuna mata inda ruwa bai da zurfi, suka haye kogi. Suka tarar da ciyawa har gwiwa, da garken da aka ce yana mutuwa da yunwa.

Ba a daɗe ba tsutsa ta kai wa Sarki ƙashi. Wata rana da hantsi ya durƙusa, ya kasa tashi. Balbela ta yi shelarta kamar kullum cewa Sarki hutawa yake yi. Amma ungulu sun taru a sama suna shawagi, su kuwa babu mai hana su. Duk mai ido a dajin ya karanta labarin, har da kuraye.

Sai Sarki ya ce a kira masa Carki. Garke ya yi cirko-cirko. Wa za a aika? Mai kai saƙo ƙetaren kogi dama shi ne wanda ake nema. Aka duba Balbela, aka hango ta can tana bin ƙafafun wani saurayin bijimi tana yaba tafiyarsa.

Ungulun ne suka sanar da Carki. Marka ta ce masa ya je, ko ba don Sarki ba, don maruƙan da suka rage. Ya zo ya sauka a kan ƙahon Sarki, ya daɗe yana kallon mikin.

Sarki ya ce, "Me ya sa babu wanda ya gaya mini?"

Carki ya ce, "Mu biyu muka gaya maka, ranka ya daɗe. Ka kore ni, ka kori Marka. Lokacin da yake kamar ƙwayar wake, aikin safiya ɗaya ne. Wannan ya fi ƙarfin bakina."

Ya tashi ya sauka a kunnen wani maraƙi da ke kwance kusa, ya kama cire kaska. Babu wanda ya kaɗa masa wutsiya.

Darasin wannan labari shi ne, babu mai mulkin da ke ganin bayansa, komai girman ƙahonsa. Duk hukumar da ta toshe intanet, ta yanke layin waya, ta ce a bakinta kaɗai za a ji labari, ba ƙarya take hanawa ba, mikinta take ɓoyewa. Kuma kafin mikin ya kayar da ita, 'ya'yan talakawa ne ke fara faɗuwa a hanyar tafkin da ya ƙafe. In kun girma, yarana, kada ku yarda a koya muku yin alfahari da kaska.