Masana Bakwai, Gona Ɗaya

Akwai wani mutum masanin ƙwayoyin gado, wato 'yan abubuwan nan da ke cikin iri, masu sa ɗa ya ɗauko halin iyayensa. Shi ba ya shuka, ba ya gwaji. Aikinsa ya tattara binciken da waɗansu suka riga suka yi, ya haɗa, ya faɗi abin da ya fito.

Ana nan sai ƙuduji ya addabi gonar kawunsa, wanda ya rene shi. Mutumin ya duba, ya sami bincike bakwai a kan wata dawa, duka bakinsu ɗaya: tana da gadon da ƙuduji ba ya iya mata. Don ɗoki, ko tambaya bai yi ba inda kowannensu ya samo dawar da ya gwada.

Ya ce, "Kawu, bana wannan kaɗai za ka shuka."

Tsohon ya ce, "Ɗana, gonar duka? Ita ce fa abincin gidan nan."

"Haba Kawu! Masana bakwai za su taru su yi kuskure?"

Tsohon ya shuka. Kafin kaka furen ƙuduji ya rufe gona, dawa ta tsaya iya gwiwa.

Sai a lokacin gogan naku ya koma ya bi diddigi. Ashe duk su bakwai a gona ɗaya suka ɗebo dawarsu, can wata ƙasa da ƙudujinta ba irin na garin kawunsa ba ne. Shaida ɗaya ce ya ƙirga sau bakwai!

Ya je gida, kunya kamar ƙasa ta tsage ya shige. Da aka kawo ɗan tuwon da ya samu, Kawu ya tura masa kwanon, ya ce, "Ci, ka sha hanya."

Ma'anar wannan misali ita ce, 'yan'uwa, yawan baki ba shi ne yawan shaida ba. Sau nawa muke cewa "ai kowa ya faɗa" a kan wani ɗan'uwa cikin ikkilisiya? Ka bi maganar, sai ka tarar daga baki ɗaya ta fito, sauran duk aro suka yi. Mu kuwa mun riga mun yanke hukunci, mun daina gaishe shi. Abin kunya ne, ni ma ban tsira ba.

Ubangiji ya ba mu haƙurin tambaya kafin mu ɗauka mu kai gaba. Gama mai kawo labari ba ya kwana da yunwa. Wanda ya gaskata shi ne rumbunsa ke zama wayam.