Sha Shida, In Ji Kamila

Akwai wani Bakano mai suna Mika'ilu, yana aiki a wani kamfanin kargo a Jebel Ali da ke Dubai. Shi ke tsara yadda za a loda kaya a kwantena. In ya kalli tarin kwalaye sau ɗaya, zai gaya maka ko za su shiga ko ba za su shiga ba, kuma da wuya ya kuskure. Wannan ya sa ya yarda da kansa a lissafi, har ba ya son a ja da shi.

Matarsa Maimunat da 'yarsu Kamila suna Kano, a Gyaɗi-Gyaɗi. A 2019 ya cika shekara uku rabonsa da gida. Duk lokacin da hutu ya zo sai ya ce aiki ya yi yawa, sai baɗi. Amma bai taɓa fasa aike ba, kuma kowace Sallah yana sa Malam Ɗalhatu ya ɗinka wa Kamila abaya. Malam Ɗalhatu dattijon tela ne, ɗaki ɗaya suke kwana a Al Satwa.

A shekarar ce Kamila za ta rubuta jarrabawar aji uku na ƙaramar sakandare. Malaminta ya ce tana da ƙoƙari, sai dai lissafin shekaru yana ba ta wahala, irin wanda za a ce shekarun uba sun ninka na ɗansa sau kaza, a nemo na kowa.

Mika'ilu ya ce ba sai an ɗauko mai koyarwa ba. Shi zai koya mata duk Juma'a ta kiran bidiyo, bayan magariba a Dubai, la'asar a Kano.

Koyarwarsa ta gudu ce. Kafin yarinyar ta gama karanta tambaya ya riga ya faɗi amsa. In ta tsaya tunani sai ya ce, "Yalla, yalla, yi sauri, ba mu da lokaci."

Wata Juma'a ya ce zai ba ta misali daga cikin gida.

"Shekaruna arba'in da huɗu. Ki rubuta naki a gefe. Nan da shekara nawa shekaruna za su zama biyun naki?"

Kamila ta sunkuya tana rubutu. Ta ɗan jima, sannan ta ɗago da murmushi.

"Sha shida, Abba."

"Ashirin da biyu. Sake yi."

Ta sake yi, a hankali wannan karon. Ta ce da ƙaramar murya, "Abba, sha shida ya ƙara ba ni."

Ransa ya ɓaci. Ya ce wata biyu yana ɓata bakinsa a kan wadda kanta ba ya ja. Ya ce ko leburorin da ke loda masa kaya sun fi ta saurin ganewa. Ta buɗe baki za ta yi magana, ya ce, "Kalas, ya isa. Ki ɗauki hoton shirmen da kika rubuta ki turo mini." Ya kashe wayar.

Hoton ya shigo, bai buɗe ba.

Juma'ar da ta biyo baya, Maimunat ce ta ɗauki wayar. Ta ce Kamila ta ce kanta na ciwo. Ta gaba ma haka. A ta uku ta gaya masa gaskiya: yarinyar ta daina ɗaga hannu a aji, kuma ta ce in ta shiga aji huɗu ba za ta yi kimiyya ba, don ita ba ta da kan lissafi.

Malam Ɗalhatu yana gefe yana ɗinka maɓalli, duk ya ji. Bai yi boko mai zurfi ba, amma shekara talatin yana aiki da lamba a kan tef.

"Mika'ilu, ka duba abin da ta turo maka kuwa?"

"Me zan duba, Malam? Amsar ba daidai ba ce."

"To nuna mini in gani."

Ya buɗe hoton ya miƙa masa. Rubutun yarinyar tsaf, layi bayan layi. Dattijon ya gyara tabarau, ya ɗora yatsa a layin farko.

"Wannan arba'in da huɗun naka ne. Wannan sha huɗun fa, na wa?"

Mika'ilu ya karɓi wayar ya duba. Kamila ta rubuta 14 a gaban sunanta. Ta cire daga 44, ya ba ta talatin, ratar da ke tsakaninsu. Ta rubuta a ƙasa cewa ranar da ta kai talatin, Abba yana da sittin. Daga sha huɗu zuwa talatin, sha shida.

Shi da sha ɗaya ya yi lissafinsa.

"Naka ka bar su suna tafiya," in ji Malam Ɗalhatu, "nata ka tsayar da su ranar da ka hau jirgi. Ni ma shekara uku kana kawo mini awo ɗaya. Na so in yi magana, na ga ba ka son gyara."

Mika'ilu ya sake kiran matarsa. Ya tambaye ta abayoyin da yake aikowa.

Ta ce, "Abban Kamila, ta farkon kaɗai ta sa. Sauran A'i 'yar ƙanwata ke sa su. Kamila ce ta roƙe ni kada in gaya maka, wai za ka ji babu daɗi."

Ya ce a ba Kamila wayar. Da fuskarta ta bayyana, ya ce, "Amsarki daidai ce. Ni na yi kuskure, kuma na zage ki a kan gaskiyarki. Ki yafe mini."

"Ba komai, Abba," ta ce, idonta a ƙasa.

Washegari Asabar ya rubuta takardar neman hutu. Bayan sati biyar ya sauka Kano. Waya fuska kawai take nuna masa. A filin jirgi ya ga yarinyar ta kamo uwarta a tsayi.

Ya yi wata guda shi da Kamila suna zama a tabarma ɗaya da littafi. Ya koyi rufe baki har ta gama, ya koyi cewa, "Nuna mini yadda kika yi." Ta ci jarrabawarta, ta shiga ajin kimiyya.

Amma har ya koma Dubai, duk amsar da za ta ba shi, ko ta tabbata daidai ce, sai ta fara kallon fuskarsa tukuna.

Darasi: Kafin ka ce yaro bai iya ba, duba yadda ya yi, domin wani lokaci kuskuren daga gare ka yake. Aike ba ya maye gurbin sanin halin da iyalinka ke ciki, kuma kalma ɗaya ta raini takan daɗe a zuciyar yaro bayan an nemi gafara. Ku tura wannan ga duk uban da ke nesa da gida, ko Allah ya sa ya kira 'ya'yansa yau ya saurare su.