Bari Su Fita Tukuna

An taɓa yin wani mutum, mai awon jini a asibiti, mai yawan tambaya tun yana ƙarami. Za a ce muku tambayar ce ta halaka shi. Ba ita ba ce, ya 'yan uwa. Duk malamin da ya kai wa shakkunsa, tsawa yake daka masa. Sai ya faɗa hannun wasu masu taruwa a bayan shagon aski, suna kiran kansu 'yantattu, sun ce babu Allah. Suka ba shi kujera, suka laƙaba masa Farfesa.

Can ma akwai dokoki. Wanda "in sha Allah" ya suɓuce wa, dariya za a yi masa har ya tashi. Kuma idan ɗayansu ya kwanta ciwon ajali, sai su ɗauki bidiyonsa a waya, duniya ta ga nasu ba ya karaya. Farfesa da kansa ya taɓa riƙe wayar a kan wani.

Sai ƙodarsa ta lalace, aka kwantar da shi a asibiti. Ya karanta sakamakon jininsa da idonsa, ba mai iya ɓoye masa. Tsoro ya kama shi, abin da ya binne a zuci ya motsa. Yayarsa ta duƙa a kunnensa tana biya masa kalmar shahada. Ya buɗe baki zai maimaita.

Sai ga abokan sun shigo, babbansu ya ɗaga waya.

"Farfesa namu! Kar dai ledar ƙarin ruwa ta mai da kai liman?"

Ya dubi wayar, ya dubi yayarsa. Ya ƙaƙalo murmushi, ya raɗa mata: "Yaya, bari su fita tukuna."

"Auta, faɗi yanzu, don Allah!"

Hira ta yi wa baƙin daɗi, ba su tashi da wuri ba. Da suka ja ƙofa, yayar ta tallabo kansa. Bakinsa na motsi, babu sauti. Ta kara kunne, ta sake karawa. Shiru, rai ya yi halinsa.

Me ya ɗaure harshensa? Hujja ce? Littafi ne? Kunyar mutane ce. Bai rabu da tsoro ba, ya sauya wanda yake tsoro ne kawai. Kai ma da kake sallah don idon maƙwabta, duba naka.

Ya Allah, kada ka bar dariyar wani ta tsaya tsakaninmu da kalmar ƙarshe. Amin.