Diyyar Gonar Ƙadangare

Ga ta nan, ga ta nanku.

Ta zo mu ji ta.

Zaki ya sa aka ja wayar lantarki ta gonar Ƙadangare, aka kafa falwaya a tsakiyar geronsa. Ƙadangare ya tafi wurin Kura, mai rabon diyya.

Kura ta ce, "Waya a sama take. Sama ta Hankaka ce, mun sallame shi."

"Ramin falwayar fa, ranki ya daɗe?"

"Ƙarƙashin ƙasa na Gafiya ne, ta karɓi nata."

"To, ni fa?"

"Auno mana inda gonarka ta tsaya, ka dawo."

Shi ya sa har yau Ƙadangare ke hawa falwaya yana sauka, yana gyaɗa kai. Awo yake yi.

Ƙurunƙus kan ɗan ɓera.