Manomin da Ya Ƙi Ƙona Ƙaron Murya

Akwai wani manomi a wata ƙasa mai nisa, inda ba a san rubutu ba. A dajin ƙasar akwai wani itace mai fid da jan ƙaro, suna ce masa ƙaron murya. In aka jiƙa shi ya yi laushi, mutum ya yi magana a kansa, sai ya bushe da maganar a cikinsa. Ran da aka ɗora shi bisa garwashi, muryar takan fito cikin hayaƙin daidai yadda mai ita ya yi ta, har da tarinsa. Amma sau ɗaya ne tak. In ya narke, shi ke nan.

Da shi suke aika saƙo, da shi tsofaffi suke barin wasiyya. Al'adarsu kuwa, ranar da ƙaro ya iso gida, ranar ake ƙona shi, iyali duka suna zaune suna ji.

Gonar su manomin nan ta gaji, ko an zuba taki sai ta ba da abin da ta ga dama. Sai mahaifinsa ya tashi ya haye babban kogi neman sabuwar ƙasa. Bayan shekara guda fatake suka kawo ƙaro ɗaya, girman goro, ƙunshe cikin ganye, suka ce daga tsohon ne. Daga nan suka sauya hanya, ba wani saƙo da ya ƙara zuwa.

Matarsa ta kawo garwashi a kasko. Manomin ya miƙa hannu, sai ya janye.

Ya ce, "In na ƙona, me zai rage mini na Baba?"

Ta ce, "Maigida, ai don a ji aka aiko shi."

Ya ce, "Ajiya maganin wata rana."

Ya ɗinka masa jakar fata, ya rataya a wuya. In baƙo ya zo, kafin a ba shi ruwa an nuna masa jakar. Mutane suna cewa ba su taɓa ganin ɗa mai ƙaunar ubansa haka ba, shi kuwa yana jin daɗin hakan. Amma gaskiya kewa tana cinsa. In ya kai ƙarshen kunya, gindin ɗorawar da tsohon yakan huta, sai ya ajiye fartanya, ya fito da ƙaron, ya sunsuna, ya kara a kunne. Ƙaro kuwa ba ya magana sai da wuta. Yau ya ce gaisuwa ce a ciki, gobe ya ce faɗa ne a kan rumbun da bai gyara ba. Yakan dubi gabas ya yi ta tunanin inda uban yake, amma hayin kogi da faɗi, bai san ina zai nufa ba.

Haka aka yi shekara goma sha biyar. Wata safiya matarsa ta kira shi sau uku bai waiwayo ba. Ta zo gabansa ta ce, "Kunnenka ya fara nauyi. In ka ƙara jira, mu ne za mu ji Baba, kai sai dai ka ga hayaƙi."

Maganar ta shige shi. Ya ce a kawo garwashi. Ya ɗora ƙaron, ya sunkuya har zafi yana dukan fuskarsa. Sai ga muryar tsohon:

"Nomau, ɗana, na sami ƙasa mai albarka. Na share maka gona, na gina maka ɗaki kusa da nawa. Ƙafata ba za ta iya komowa ba, kai ka taso da iyalinka bayan kaka. Ka tambayi mai fito na bakin tsamiya biyu. Kowace ranar kasuwa ina nan bakin ruwa ina dubanka."

Washegari ya kama hanya, kwana tara yana tafiya. Da ya faɗi sunansa, mai fito ya dube shi ya daɗe, sa'an nan ya ce, "Ashe kai ne Nomau. Ga dutsen da yakan zauna can. Kowane kwalekwale ya iso sai ya miƙe. Ɗakinka ma duk shekara sai ya sa an sake masa jinka. Bara da damina muka binne shi."

Manomin ya zauna bisa dutsen ya yi kuka, gama ya gane abin da ya rataya a wuyansa duk shekarun nan kira ne.

Ma'anar wannan misali ita ce: tsohon nan yana nuna mana Ubanmu na sama, ƙaron kuwa Maganarsa ce. Manomin, ni ne da ku. Da yawa cikinmu muna da ita a gida, a naɗe cikin sabon zane a ƙasan akwati, ko bisa tebur inda baƙo zai gani. Muna girmama ta, ba mu bari yaro ya taɓa, amma ba mu buɗe mu ji abin da aka ce mana ba. Muna kewar Allah, muna zato a kan abin da yake nufi da mu, alhali ya riga ya faɗa: ya shirya mana wuri, yana so mu taso.

Wuri biyu ne misalin bai kai ba. Maganar Allah ba ta ƙarewa da ji ɗaya, Ubanmu kuma ba ya tsufa balle ya mutu yana jira. Mu ne kunnenmu yake nauyi, mu ne kwanakinmu suke ƙarewa. Saboda haka, 'yan'uwa, in kun koma gida yau, kafin a sauke tuwo, a fito da ita, a tara iyali, a karanta da ƙarfi tun muna iya ji.